Kafet Mai Kiran Sunan Surukai

Apa Nurjamal, wato Inna Nurjamal, ta iso gidan ɗanta a birnin Bishkek da buhun dankali a kafaɗa. Tana taka sabon kafet ɗin ulu a falo, sai murya ta fito daga ƙarƙashin ƙafarta: "Nurjamal."

Ta daka tsalle, dankali ya watse.

"Innalillahi! Temirlan, wa ya kira ni?"

"Apa, aikin matata Cholpon ne," in ji ɗan nata yana sosa ƙeya. "Sensa ta ɗinka a ciki, na'urar da ke magana in an taka. Za a baje shi a zauren masu zane."

Apa ba ta san sensa ba, amma muryar surukarta ce, ta gane ta sarai. Ita da ta tsufa a gidan miji ba ta taɓa furta sunan uwar mijinta ba, yau ga 'yar jami'a tana kiran nata gatsal, a ƙarƙashin sawun baƙi!

"Ko ta bar gidan nan, ko in manta na haife ka!"

Temirlan ya dubi uwa, ya dubi mata.

Cholpon ta durƙusa da tsohon cikinta, hawaye shar-shar.

"Apa, ba raini ba ne. Kowane yaro yana haddace kakanninsa maza bakwai. Mace nake ɗauke da ita, su wa za ta lissafa a mata? Shi ya sa nake tara sunayenku a kafet. Na tambayi ɗanku sunan mahaifiyarku, ya ce bai sani ba."

Apa ta juya a hankali.

"Kai! Ya sunan uwata?"

"Ai... Kaka."

"Kaka suna ne, sakarai? Matar da ta goya ka!"

Ta buɗe baki za ta jero masa. Burulkan uwarta. Sai kakarta Ayimkan. Sai... sai wa? Ta laluba, ta rasa. Tun tana yarinya "tsohuwar gida" take ji ana cewa. Ta zauna daɓas, ta rasa da wa za ta yi fushi.

Cholpon ta tashi. Ta tsince dankalin, ta kawo shayi ta miƙa da hannu biyu.

Sai da Apa ta shanye ta ce, "'Yar nan, ina abin da ake magana a ciki?"

"Rikoda, Apa?"

"Ko ma mene ne. Goge muryarki, ni zan faɗa, bakina ya halatta. Kuma a bango za a rataye shi, a taɓa da hannu. Ba a taka uwata."

"To ta ukun fa?" in ji Temirlan.

"Gobe ka tafi garinmu Narin, ka bi tsofaffi gida-gida. Kar ka dawo babu ita."

Ku 'yan mata, ku duba: da Cholpon ta mayar da baki, da ta rasa miji, kafet ya rasa murya. Ku kuma iyaye, ku tambaya kafin ku kori 'yar mutane.

Jaririyar da ta zo, Burulkan aka sa mata. Wannan sunan dai Temirlan ya riƙe shi.