Muddin Ana Rawa

"Dunja, don Allah kashe kiɗan nan!" in ji Vukašin daga cikin jirgin ruwansa.

Ko ɗago kai ba ta yi ba. Ta ɗora wani faifan, gidan rawar na ta lilo a kan kogin Sava.

Kwana biyu ke nan tana kiɗa. Hukumar Belgrade ta ce a janye gidajen rawa na kan ruwa, za a gina benaye a gaɓar. Su kuwa matuƙan jiragen kogi, a al'adarsu, ba sa ɗaura wa gida igiyar ja muddin akwai mai rawa a ciki.

Kuma duk matuƙan garin, sai Vukašin aka turo, saurayinta!

"Masoyiyata, dubi idanunki, sun yi jawur..."

"Aikinka ka zo yi, ko duba idanu?"

Jama'a sun watse, mai zuwa ofis ya tafi, mai mata ya tuna da ita. Saura mahaifinta Radoje, wanda ya ƙera gidan da hannunsa, yana rawa yana jan gwiwa a fili kamar mai neman makullin da ya faɗi.

"Na faɗa miki," in ji tsohon yana haki, "mai cin albashin hukuma ba miji ba ne!"

"Baba, zauna ka huta," in ji Vukašin.

"Uban wa? Je ka nemi naka!"

Bai rufe baki ba gwiwar ta ƙi. Ya zube a kujera.

Fili ya zama wayam.

Vukašin ya dubi igiyar hannunsa. Ya ajiye ta, ya tsallako daga jirgin, ya kama rawa.

Ba a taɓa ganin rawa mai muni irinta ba a kogin nan. Dunja na dariya, hawaye na ɗiga a kan faifai.

"Za su kore ka..."

"Ƙara sauti, ba na ji!"

Da rana ta take, man janareto ya ƙare. Shiru ya sauko, har ana jin ruwa na lasar katako.

"In na ƙi, gobe wani za su turo," in ji Vukašin. "Shi fizga zai yi, gidan ya tarwatse. Ni a hankali zan ja."

"Na sani."

"Za ki yafe min?"

Ta riƙo mahaifinta suka sauka gaɓa.

"Na yafe, Vukašin. Amma kullum na dube ka, igiyar nan zan gani."

A hankali ya ja, kamar yadda ya ce. Sai da gidan ya ɓace bayan gada sannan ta cire zoben baikonsu.