'Yan Kallon Aro

Bara'atu tana tsugune a gindin murhu tana tsince shinkafa, amma kunnenta gaba ɗaya yana ƙofar ɗakin mahaifinta. Tun bayan azahar mahaifiyarta Inna Habi ta shiga da maganar aurenta, kuma duk wanda ya san Malam Maigandi a garin Wurno ya san bai iya magana a hankali ba, ko da maganar sirri ce.

"Nac ce miki ban ƙi yaron ba!" Muryarsa ta fito har tsakar gida. "Musaddiƙ shina da ladabi, shina salla, na sani. Sana'atai ce ban yarda da ita ba. Gidan kallo? A wanga zamani?"

"To kai da mi ka aure ni, Malam? Ba da sinima ba?"

"Shi ya sa nika hwaɗi, Habi! Shi ya sa!"

Gaskiyar Inna ce. Shekara goma sha tara Malam Maigandi ya yi yana ofareta a wata sinima a birnin Sakkwato, shi ke ɗora faifai yana haska fim, mutane suna turereniya a ƙofa kamar za su karya ta. Yau wurin nan buhunan siminti ake jibgewa a ciki. Shi kuma ya dawo gida ya kama noman albasa, ko hoton fim ba ya son gani a jikin bango.

Ya fito yana gyara hula, ya tsaya a kan 'yarsa.

"Ke Bara'atu, bar yi kamar ba ki ji. Ko a ƙasashen Turawa, da kujerunsu masu laushi da sanyin inji, rediyo na hwaɗin mutane sun rage zuwa tun bayan korona. Kowa ya lahe gida da waya a hannu. Balle rumhwar kwano a Goronyo! Amma ba ni yanke hukunci bisa jita-jita. Ki gaya mishi ranar kasuwa mai zuwa ina tahe. Zan zamna in kalli fim guda, tun daga hwarko har ƙarshe. Kuma ba ranar ƙwallo ba. In na ishe ɗaki da mutane, a turo manya a sa rana. In na ishe benci na kallon benci, to kowa ya yi haƙuri."

Bara'atu ta ce, "To, Baba," hawaye na ɗiga cikin shinkafa.

Da yamma ta kira Musaddiƙ ta zayyana masa komai.

"Musaddiƙ? Kana ji na?"

"Ina jin ki. Bara'atu, jiya mutum shida na samu. Ukku cajin waya ya kawo su, guda kuma hwanka ya biyo, ya yi barci nai har anka tashi. Yaran da ke cika mini ɗaki shekara huɗu da sunka wuce, yanzu kowa a tura mishi fim a waya ya kwanta gindin iccen bedi. Ƙwallo kaɗai ke tara su."

Sai ta ji an fizge wayar. Asta ce, yayar Musaddiƙ, wadda ta riƙe shi tun rasuwar mahaifiyarsu. Mace ce da ba a taɓa kawo mata matsala ta rasa dabara ba, sai dai dabarar tata takan fi matsalar nauyi.

"Amaryarmu, share hawayenki! Mutane tsohon ke son gani? Za shi ga mutane! Maigidana na da 'yan dashen albasa sun kai arba'in a gonatai ta Taloka. Ranar kasuwa in dahwa shinkahwa da wake tukunya biyu, a ce musu duk wanda ya zamna har fim ya ƙare shina da kwano cike. Shi ke nan hwa!"

"Yaya Asta, wagga ai yaudara ce. Babana ne hwa."

"Yaudara? Mutane ne ko aljannu? Kallo za su yi ko ba kallo ba? Ke dai ki kama bakinki."

Da wayar ta koma hannun Musaddiƙ, Bara'atu ta roƙe shi ya bari. Ya ce mata cikin raunin murya, "In ban yi ba na rasa ki. Ki hwaɗa mini wata hanya in bi." Ba ta da wata hanyar, sai ta kashe wayar ta kifa kai a gwiwa.

Ranar kasuwa Malam Maigandi ya sa babbar riga, ya fito da babur. A bakin zaure ya waiwayo ya dube ta.

"Idonki ya yi ja. Akwai abin da kika son gaya mini?"

Ta ce, "Babu, Baba. Allah ya kiyaye hanya."

Gidan kallon Musaddiƙ rumfa ce ta kwano a bayan tashar Goronyo, da benci goma sha biyu, babbar talabijin manne a jikin katako, da baƙin labule a ƙofa. Malam Maigandi ya ɗaga labulen ya ga ɗaki cike maƙil, ko wurin ajiye takalmi babu. Musaddiƙ ya durƙusa ya gaishe shi, gumi na bin wuyansa, ya kai shi kujerar roba da aka tanada. Aka sa wani fim na Indiya mai fassarar Hausa.

Tsoho ya zauna. Bai kalli talabijin ɗin ba ko sau ɗaya, mutanen yake kallo. Bencin da ke ƙarƙashin fanka, wanda a kowane gidan kallo sai an yi cacar baki a kansa, ba wanda ya damu da shi. Jarumin fim ya tashi sama ya zubar da ƙarti goma, babu wanda ya yi fito. Aka zo wurin ban dariya, mutum biyu suka yi hamma. Rabin ɗakin sun sunkuyar da kai cikin wayoyinsu, ƙafafunsu duk busasshen taɓon fadama.

Ya miƙe ya ɗauki buta kamar zai kewaya. A bayan rumfar janareta ke ta ruri. Ya sunkuya ya murɗe makunnin mai, ya dawo ya zauna abinsa, ya harɗe hannuwa.

Ba a yi minti biyu ba injin ya yi tari sau uku ya mutu, daidai lokacin da mugun fim ya ɗora wa jarumi bindiga a ka. Ɗaki ya yi duhu.

Shiru. Ko tsaki babu wanda ya yi.

Can sai wata murya daga baya ta ce, "Alhamdu lillahi! An ƙare ke nan? To ina shinkahwar?"

Wani ya amsa, "Kai Mode, zamna! Hajiya Asta ta ce sai rubutu ya hito bisa allo."

Malam Maigandi ya fashe da dariya, irin wadda ba ta da daɗin ji. Ya yaye labulen haske ya shigo, ya dubi Musaddiƙ da ke tsaye kamar an dasa shi.

"Yaro, shekara goma sha tara ina haska fim. In hwaihwai ya tsinke a wuri irin wanga, sai na kulle kaina a ɗakin inji. Ɓawon rake, takalmi, zagin uwa da uba, babu wanda ban sha ba. Mutumin da ya zo kallo don kainai ba ya yahe ma wanda ya katse mishi fim. Waɗanga bayin Allah godiya sunka yi! A ba su abincinsu su koma gona, an ɓata musu yini."

Asta, wadda ke laɓe a bayan rumfa da tukwanenta, ta leƙo tana gyara mayafi. "Baba, don Allah, ni ce na—"

"A'a, Yaya." Musaddiƙ ya tare ta, ya zube a ƙasa. "Baba, ɗakina ne, kuma da yardata anka yi. Bara'atu ta hana ni, ban ji ba. Gaskiya ita ce ranar da babu ƙwallo mutum biyar nika samu, in ta yi kyau bakwai."

Tsoho ya fice. Ya hau babur ya kama hanyar Wurno.

Yana shiga gida ya kira 'yarsa. Kallo ɗaya ta yi masa ta durƙusa.

"Kin sani?"

"Na sani, Baba."

"Na tambaye ki a bakin zaure, kin ce babu."

Kuka ya ƙwace mata. Inna Habi ta fito za ta sa baki, ya ɗaga mata hannu. Kwana huɗu Malam Maigandi bai amsa gaisuwar Bara'atu da fiye da "lahiya" ba. Ta daina cin abincin kirki, ta kashe wayarta ta jefa a ƙasan akwati. Ta riga ta sallama cewa magana ta mutu, kuma abin da ya fi ci mata rai shi ne ta san ba zaluntar ta aka yi ba.

Rana ta biyar da hantsi aka yi sallama. Musaddiƙ ne, shi kaɗai, babu Asta, babu ɗan rakiya. Malam Maigandi ya bar shi a zaure har rana ta take, sannan ya fito, ya ce a kira Bara'atu da uwarta su tsaya daga ƙofa.

"Mi ya kawo ka?"

"Gahwara niz zo nema, Baba. Ba maganar aure ba. Na san na ɓata wannan da hannuna."

Tsoho ya juya wajen matarsa.

"Habi, gaya musu wata nawa na yi ina hita aiki bayan an ruhe sinima."

Inna ta sunkuyar da kai. "Wata bakwai."

"Wata bakwai!" in ji shi. "Kullum la'asar in sa riga mai guga in ce mata na tahi aiki, in je tasha in zamna kan benci har lokacin tashi ya yi. Kunya ta hana ni hwaɗin ɗaki ya mutu. Tana da cikin wagga yarinya, tana dahwa abinci tana jiran mai aiki. A bakin maƙwabciya ta ji, a gidan suna, gaban mata. Ranar ba ta yi mini hwaɗa ba. Cewa ta yi, da ka gaya mini da mun koma gida tun damina, da yanzu muna da hatsi. Har yau in na tuna sai in ji kamar in nutse."

Ya nuna Musaddiƙ da yatsa.

"Da na ishe mutum biyar a ɗakinka, kana tsaye kana kallon idona, wallahi da na zamna mun yi shawara. Ɗakin da ya hi naka sau ɗari ya watse a gabana, mi zai ba ni mamaki? Abin da na tsorata shi ne in ba da ɗiyata ga mai irin halina na da. Sai ga shi tun ba a ɗaura ba ka hwara, har ka koya mata."

Musaddiƙ ya kasa ɗaga kai. Bara'atu na sheshsheƙa a bayan uwarta.

"Amma ba ka ɓoye bayan yayarka ba, kuma ka zo da ƙahwarka. To ga sharaɗina. Daga gobe kullum da sahe ina son ganinka a gonata har a cire albasa. Ɗakinka ka buɗe shi ranar ƙwallo da ranakun salla, lokacin da mutane ke son su yi ihu tare. Sauran ranaku bar ƙona mai don mutum ukku da mai barci. Zance kuma babu, waya babu, sai an kai albasa rumbu. Ke ma horonki ke nan. Kun iya?"

"Mun iya, Baba!" Tare suka faɗa, har Inna Habi ta rufe baki da mayafi tana dariya.

Wata huɗu aka yi a haka, kuma kada wani ya ce maka da sauƙi. Hannun Musaddiƙ da bai san komai ba sai rimot ya yi kanta ya fashe. Sau biyu ya saki ruwa ya kusa nutsar da fangalin albasa, tsoho ya wanke shi da faɗa a gaban 'yan aiki. Bara'atu kan kawo abinci gona ta ajiye a gindin mangwaro ta juya, ko kallon inda yake ba ta yi. Asta ta yi fushi na wata guda, daga baya ta zo Wurno da kanta ta ba da haƙuri, ko da yake sai da ta ƙara da cewa shinkafarta dai ba a bar ko ƙwaya ba.

Da aka kwashe albasa aka ɗaura aure, aka kai amarya Goronyo. Gidan kallo yana nan, kwana biyu ko uku a mako. Ranar babban wasa har a waje ake tsayawa ana leƙe ta ramin kwano. Wani lokaci Musaddiƙ kan gwada sa fim ranar da babu wasa, don zuciyarsa ba ta daina so ba. In ya dawo, Bara'atu kan tare shi da kofin ruwa.

"Ranka ya daɗe, yau mutum nawa?"

"Huɗu. Guda kuma akuya ce ta shigo hwakewa rana."

"To Allah ya yi ma akuya albarka. Wanke hannu ga tuwo."

Ku 'yan'uwana matasa, sana'a takan yi kasuwa ta kuma mutu, ba laifin kowa ba ne, zamani ne ke juyawa. Abin da ke rusa gida shi ne mutum ya dawo wurin wanda ke ƙaunarsa ya ce ɗaki ya cika alhali babu kowa. In huɗu ka samu, ka ce huɗu ne. Wanda zai zauna da kai zai zauna, kuma shi ne zai taya ka neman mafita.