Ƙusar da Majken ta Zare

Majken ta tsaya gaban allon katakon da ke zauren sashensu, inda kundin digirinta yake rataye da ƙusa. Jiya ta kafa ƙusar da kanta, ana tafi, ana shan kofi da burodin kirfa, kamar yadda kowane ɗalibi ke yi idan saura mako uku ya kare kundinsa.

Yau ko kallonsa ba ta iya yi.

"Ga gudumar da aka ce kina nema," in ji Joar daga bayanta.

Joar ne mai kula da manyan kwamfutocin sashen. Shekara biyu suna soyayya, wata huɗu ke nan ko gaisuwa babu.

"Na duba fayil ɗin ɗazu..." ta ce, kanta a ƙasa. "Kai ne da gaskiya."

Abu guda take lissafawa tun da ta zo. Ko an kai ƙwayar sinadari ƙarshen sanyi, ba ta daina karkarwa gaba ɗaya, kuma ƙarfin wannan ragowar karkarwar ne aikinta. Kowa ya san idan aka sa wa ƙwayar haidurojin mai nauyi, ƙarfin yakan ragu. Babinta na huɗu kuwa ya ce ta samo wadda nata bai ragu ba, kuma da shi take alfahari.

Wata huɗu da suka wuce, ranar da Joar ya ce mata a ɗakin shan kofi, "Kin tabbata kin canja nauyin a fayil ɗin?" Ylva, abokiyar ofishinta da ta daɗe tana son sa, ta raɗa mata cewa hassada ce. Majken ta ɗaga murya a gaban kowa:

"Wanda ya kasa gama nasa digirin ne zai gyara nawa?"

Maganar mahaifinta ce ta maimaita, tsohon farfesan da bai taɓa kiran Joar da sunansa ba, sai dai "mai gyaran waya".

"Ban canja ba, Joar," ta ce yanzu. "Abu ɗaya na lissafa sau biyu, na kira shi sabon bincike."

"Kowa na yin wannan kuskuren."

"Ba kowa ke zagin wanda ya nuna masa ba."

A hankali ya ce, "Mai yiwuwa masu jarraba ki ba za su lura ba. Ni dai ba zan faɗa ba."

"Ni na lura."

"Babanki ya gayyaci dangi tun daga arewa..."

"Na kira shi. Na ce a ɗage kare kundin sai kaka." Ta ɗago kai ta dube shi. "Ya tambaya wa ya gano. Na ce Joar. Ya ce wane ne Joar? Na ce wanda zan aura... in har yanzu yana so na."

Kunnuwan Joar suka yi ja don kunya.

"Me ya ce?"

"Ya ce ka zo cin abinci ran Lahadi, ka nuna masa inda kuskuren yake."

Ta saƙala bakin gudumar ta ja. Ƙusar ta yi ƙara ta fito a lanƙwashe, kundin ya faɗo hannunsa. Ɗaliban da ke wucewa suka kau da kai kamar ba su gani ba, wannan ma ya ƙara mata kunya.

"Ban taɓa aikinki ba, naki ne," ya ce. "Amma tun ranar na ware miki gurbin sake lissafin a kwamfuta. Duk Litinin nake sabunta shi."

Hawayen da take riƙewa suka zubo.

"Wata huɗu?"

"Na san kina da taurin kai, masoyiyata. Ban san ya kai haka ba."

Ya karɓi ƙusar ya sa a aljihun rigarsa.

"Zan miƙar da ita. Da kaka ni zan riƙe miki, ke ki buga."

"In na buge maka yatsa fa?"

Ya kama hannunta.

"Kin yi min wanda ya fi wannan zafi, kuma ga ni."