Dokar Kwana Casa'in

A ofishin ba da izini kowa Gyara yake kiransa, wasu don yabo, wasu don zolaya. Ya zo ya tarar fayiloli sun kai rufi, ɓeraye na haihuwa a ciki, ko boka ne ke son rajistar aljanunsa sai ya shekara yana zarya. Ya kori masu karɓar na goro, ya sa a riƙa tantance kowane suna. Amma shekara goma sha biyu yana mataimakin darakta da takalmi ƙafa ɗaya, waɗanda ya kora kuwa su wuce shi a mota suna ɗaga masa hannu. Wannan ɗaga hannun ne ya ci masa rai.

Wata Talata da rana tsaka ya je wurin wata bokanya da shi ya sa wa hannu a lasisi. Ɗakinta na bayan shagon faci, ba taga. Bangon duk ƙananan hotunan mutane ne, an ƙwaƙule idanunsu da allura. A tsakiya wata tukunya cike da baƙin ruwa mai ƙarni tana tafasa, ba wuta a ƙarƙashinta.

"Iya, kujerar darakta nake so, da abin da ke zuwa da ita. Amma kada a ce na ci haram."

"Kowa haka yake cewa, ranka ya daɗe." Ta tsoma hannu ta fito da hatimin ƙashi. "Duk takardar da ka buga wa wannan ba mai saɓa mata, mutum ko aljan. Sai dai duk kwana arba'in yana bushewa, ya sha jinin mutum ɗaya daga gidanka."

"Ta yaya zai san 'yan gidana?"

"Yadda hukuma ta san su. Takardar iyalin da ke cikin fayil ɗinka."

Saura kaɗan ya yi dariya. Takarda ai gonarsa ce. Washegari ya zare ta gaskiya, ya cusa wata mai sunayen da ba su da masu su.

Kafin shekara ya zama darakta, ga gidan sama, ga motoci, ga lambar yabo. Ofis ya miƙe. Ya rubuta doka cewa ba mai sauya komai a fayil ɗin ma'aikaci sai bayan binciken kwana casa'in, ko da darakta ne, ya kuma danna mata hatimin.

Abin da ya manta shi ne akawun da ya horar da hannunsa, mace mai tsoron Allah. A tantancewar shekara ta ga sunaye ba takardar haihuwa, ta bi ƙa'ida, bayan kwana casa'in ta soke su, ta maido da na gaskiya daga tsohon kwafi. Har tana jiran ya yaba mata.

Mahaifiyarsa aka fara tararwa a kan sallaya, ta bushe kamar itace. Sai ƙanensa, sai babban ɗansa. Matarsa ta zauce, ta wuni tana dukan bango da dunƙulen hannu kamar mai buga hatimi tana cewa an amince, har hatimin ya zo kanta. Ya rage 'yar autarsa mai shekara tara.

Ya koma wurin bokanya da hatimin. Ko kallonsa ba ta yi ba. "Ba a maido shi. Cire sunan yarinyar, in za ka iya."

Ya buga hatimin a takardar neman cirewa har sau bakwai, takarda na nan fes. Hatimin ba ya kama abin da ya shafi mai shi. Ya je teburin akawu ya durƙusa a gaban kowa.

"Ƙanwata, ja layi ɗaya kawai."

Tana kuka ta ɗauki biro. Hannunta ya sandare a sama, ya ƙi sauka. "Wallahi ranka ya daɗe ina so. Dokarka ce ta riƙe ni."

Haka ya zauna yana kallon yarinyar tana aikin makaranta, tana tambayarsa me ya sa ba ya cin abinci. Amincewa ta fito ranar da takardar ta cika kwana casa'in, an kawo masa har gida cikin ambulan mai kyau. Kabarin yarinyar ya riga ya yi ciyawa.

Har yau ana koya wa sababbin ma'aikata dokarsa, hotonsa na rataye a zauren ofis. Shi kuwa yana bakin ƙofar, ba takalmi, yana roƙon duk mai biro ya ja masa layi. Kai da ke ganin wayonka ya isa ka ci na tsafi ka hana shi nasa, je ka dube shi da kyau. Ya fi ka sanin takarda.