Zaren da Ya Kawo Rana Ɗakin Malam

"Kai ka yi su ko ba kai ba ne?"

Uwani ta watsa shuɗɗan duwatsun wuya a kan teburin Isma'ila, suka gangara har bakin murhun da yake narka gilashi. Ko sallama ba ta yi ba, ita da kullum sai ta tsaya daga ƙofa tana sunkuyar da kai.

"Ni na yi su," in ji shi a hankali.

"Innalillahi... Isma'ila!"

Dama abin da take tsoro ke nan. Mahaifinta, Malam Idirisu, dattijo ne cikin 'yan tsirarun Hausawan da suka fanshi kansu daga bauta a birnin Bahiya, can ƙetaren teku, kuma a wurinsa addini ba ya haɗa hanya da komai. Shi kuwa Isma'ila sana'arsa duwatsun gilashi: ya yi wa Musulmi carbi, ya yi wa 'yan coci nasu, ya yi wa 'yan ƙabilar Nago masu bautar iskoki irin launin da suke so. Ɗanbaba, almuridin Malam mai sayar da taba a dandalin Largo do Teatro, wanda ya daɗe yana haɗiyar yawu a kan Uwani, shi ya bi sawu har ya samo sarƙar duwatsun nan a hannun Nago ya ajiye a gaban tsohon.

"Baba ya ce mai hanya da yawa ba ya isa gida," ta ce. "Ya ce ba zai ba ka ni ba. Ka cuce ni, wallahi ka cuce ni!"

"Rabin raina, na daina tun kafin azumi. Dubi kantata."

Ta duba. Kantar da a da take cike da launuka yanzu carbi ne kawai a rataye, shi kansa ya rame, wuyansa ya fito.

"Me ya sa ka daina?"

"Wani abu na gani. Rufe mini tagar nan."

Ta ja ƙyauren da fushinta. Shagon ya yi duhu, sai rana ta shigo ta wata 'yar huda kamar tsinke. Ya ɗauko sandar gilashi mai kaurin kara, wadda ya yi wa riga da wani gilashin daban, yadda yake yi in zai ja duwatsu masu launi biyu. Ya tara hasken da idon tabarau a bakinta, ya nuna ɗaya bakin ga farin ƙyalle.

Sandar a lanƙwashe take, amma hasken ya bi lanƙwasar ya fito!

Uwani ta dafe ƙirji.

"Haske yana juya kwana?"

"Yana yi. Amma dubi yadda ya fito, a tarwatse kamar an watsa tsaba. Hanyoyi ne da yawa a ciki, kowanne ya bi tasa."

Ya ajiye, ya ɗauko wani zaren gilashi wanda ya ja a wuta har abin da ke tsakiyarsa ya fi gashi siranta. Ya tare hudar da gilashi mai launin ja. A kan ƙyallen sai ga ɗigo ɗaya tak, zagayayye, ja wur, ko motsi ba ya yi. Ya musanya da shuɗi, ɗigon ya rabe biyu.

"Ja ya sami hanya ɗaya," ya ce. "Shuɗi kuwa har yanzu wurin ya yi masa faɗi, sai na ƙara ja. Kowane launi da iyakarsa, in an kai ta sai sauran hanyoyin su rufe. Ranar da na gani ban iya cin abinci ba, Uwani. Na ce ashe haske ma sai an matse shi yake zama ɗaya."

Fushin da ta hau tudu da shi tun daga bakin teku ta neme shi ta rasa, sai hawaye.

"Sai Baba ya ga wannan."

"Ba zai tako shagona ba."

"To shagon zai taka ya je."

Washegari da hantsi ta nannaɗe zaren a faffaɗan faifai, ta rufe da mayafi, tana tafiya kamar mai ɗauke da ƙwai. Isma'ila na biye daga nesa.

Akwai wani ɗaki a can ƙuryar gidansu da ba shi da taga. Tun shekarar da Musulmi suka yi tawaye, aka shiga farautar duk mai rubutun Larabci, Malam Idirisu ya ɓoye allonsa a ciki, bai ƙara fito da shi tsakar gida ba. Da fitilar man kifi yake karatu, hayaƙinta ya cinye masa ido. A nan ta same shi, Ɗanbaba na gefe yana ta gyaɗa kai tun kafin a faɗi abin gyaɗawa.

"Baba, alfarma ɗaya nake roƙo. In ka gani ka ce a'a, na haƙura har abada."

"Uwani, kin san ba na magana biyu."

"Na sani, Baba. Hure fitilar kawai."

Tsohon ya hure ta. Ta zura zaren ta ƙarƙashin ƙofa, Isma'ila ya kama ɗaya bakin zaren a tsakar gida, ya durƙusa cikin rana da idon tabarau da jan gilashinsa.

Ta kamo hannun mahaifinta ta buɗe.

Ɗigon ya sauka a tsakiyar tafinsa.

"Sihiri ne!" Ɗanbaba ya zabura. "Allah ya gafarta Malam, aljani ya ɗaure a ciki, aikin Nago ne!"

"Fita ka tsaya tsakaninsa da rana," in ji Malam, bai ko ɗago ba.

Ɗanbaba ya fita da sauri, yana murna an ba shi aiki. Yana tare ranar, ɗigon ya mutu.

"Matsa!"

Ya matsa, ɗigon ya dawo.

"Aljanin da inuwar Ɗanbaba ke kashewa ai ba aljani ba ne," tsohon ya ce, muryarsa ta sauya. "Wannan ranar Allah ce. Subhanallahi... rana a ɗakin nan?"

Ya rufe hannunsa a hankali, ya buɗe, tana nan. Ya ɗaga murya.

"Kai mai gilashi! Yaya aka yi bai tarwatse ba?"

"Allah ya gafarta Malam, da kauri tarwatsewa yake," Isma'ila ya amsa daga waje. "Sai an sa shi a wuta an ja, an ja, ya rasa kusan duk jikinsa. Sannan hanya ɗaya take rage masa."

"Kai fa, me ka rasa?"

"Masu sayen kayana, Malam, sai kaɗan. Ban yi da-na-sani ba."

Uwani ta juya wajen mahaifinta cikin duhun. Ta san abin da ya tuna, don ya sha ba ta labari: yadda aka fizge shi daga garinsu yana saurayi, aka ja shi ta daji, aka ja shi ta teku, aka raba shi da uwa da suna, bai tsira da komai ba sai kalmar shahada.

"Miƙo mini allon," ya ce.

Ta lalubo shi a bayan tukunya ta ɗora masa a cinya. Ta riƙe bakin zaren, ɗigon ya hau kan tsohon rubutun, harafi ɗaya yake haskawa, sai ta gusa ya kama na gaba. Malam ya kai fuskarsa dab da allon yana bi da yatsa, leɓɓansa na motsi, hawaye na bin gemunsa. Rabon allon nan da hasken rana tun ba a haife ta ba.

Can sai ɗigon ya fara rawa. Hannun Isma'ila ne ya gaji a waje.

"Uwani..."

"Na'am, Baba?"

"Leƙa ki gaya wa mijinki ya tsai da hannunsa. Ban kai ƙarshen ayar ba."