Sarƙaƙiyar Da Ta Riƙe Rabe

Lauratu na durƙushe gindin murhu tana tuƙa tuwon dawa, ta jiyo muryar surukarta, Inna Barakatu, daga ƙarƙashin rumfa.

"Sa'o'inka duk sun yi rufin kwano, Rabe. Wasu har keke sun sayo a Funtua. Kai kuwa kana zaune kana bin maganar mace."

Rabe, mijin Lauratu, ya sunkuyar da kai. Shekara biyu ke nan da samun mulkin kai, kuma kaka biyu a jere tsutsa na cinye musu auduga. Wansa Abubakar ya gyara zama ya ce, "Ba don ciwon ƙafar nan ba, da ni zan shiga Juyau. Buhu ɗaya na irin da ke cikinta ya ishe mu har jikoki."

Juyau wata sarƙaƙiya ce a bayan ƙauyensu, kudu da hanyar Kafur. Kowa ya san tana da rai. Hanyoyinta kan buɗe su rufe yadda ta ga dama, kuma wanda ya shiga ya bar duniyar mutane. Tsofaffi sun ce a tsakiyarta akwai audugar da tsutsa ba ta taɓawa, amma ba su taɓa nuna wanda ya fito da ita ba.

Da Rabe ya shigo ɗaki, Lauratu ta riƙe bakin rigarsa. "Maigida, don Allah ka haƙura. Dawarmu za ta kai mu damina. In ta ƙi, ka tafi leburanci jinari, inda ake gurzar auduga, ni kuma in yi ƙuli-ƙuli."

"Uwata ce, Lauratu. Kullum sai ta kira ni rago a gabanki."

Washegari da hantsi ya saɓa buhu ya tafi.

Kwana bakwai babu labarinsa. Inna Barakatu ta juye wa Lauratu laifin duka. "Bakinki ne ya kama shi! Tun bai fita ba kike masa mugun fata." Abubakar kuwa, mai ciwon ƙafa, an gan shi yana zagaya gonar ƙanensa yana auna ta da taki. Ran na takwas ya tsaya ƙofar ɗakin Lauratu ya ce akwai lori mai zuwa Malumfashi, ta haɗa kayanta ta koma gidan ubanta.

"Yaya, mijina bai sake ni ba, ban kuma ga gawarsa ba," in ji ta. Ta cika gora da ruwa, ta yafa mayafi, ta nufi Juyau.

Taku uku ta yi a ciki, ƙayoyi suka haɗe a bayanta. Ta ɗaga kai ta ga sama ta koma kore, babu rana, amma ko'ina haske. Bangon ƙaya hagu da dama yana kumbura yana sacewa kamar ƙirjin mai barci. Ta bi wannan lungu, ta bi wancan, duk su dawo da ita gindin wata tsamiya mai jan ganye. Can ganyayen suka fara raɗa da muryar surukarta, suna maimaita duk baƙar maganar da aka taɓa faɗa mata tun ranar da aka kawo ta gidan.

Zuciya ta ɗebe ta. "Allah ya isa tsakanina da ku!" Kafin ta rufe baki hanya ta tsuke, ƙaya ta yage mata damtse. Ta zauna ta yi kuka har ta gaji. Cikin kukan ta tuna jiya ta ga Inna a bayan rumbu, ta rungume tsohuwar hular Rabe tana shessheƙa, ba ta san ana ganinta ba. Tausayin tsohuwar ya kama ta.

"Na janye," ta ce a hankali. "Na yafe mata. Ita ma ɗanta take nema."

Raɗar ta yi shiru. Rassa suka ja baya, wata hanya ta miƙe sambal.

A ƙarshenta ta tarar da Rabe a wani fili fari fat da auduga. Ya rame, leɓunansa sun tsage. Ya ƙanƙame buhu cike da iri, saiwoyi sun nannaɗe buhun, sun fara hawa hannuwansa. Ta kafa masa gora a baki ya sha.

"Duk sanda na ɗaga buhun sai hanya ta rufe," ya ce. "In na aje, ta buɗe."

"To ka aje mana, Maigida."

"Da wane ido zan dubi Inna in na koma hannu wofi?"

"Inna kwana uku ba ta sa komai a bakinta ba. Ba auduga take wa kuka ba."

Ya dube ta, hawaye na bin kumatunsa. Sannan ya saki. Saiwoyin suka janye buhun cikin ƙasa, hanya ta buɗe, Lauratu ta tallafe shi suka fita.

A bakin sarƙaƙiyar suka iske Inna Barakatu zaune a ƙasa, ƙafafunta duk jini. Tun azahar take ƙoƙarin kutsawa, ƙaya ta ƙi ta. Ta shafa fuskar ɗanta, ba ta ko tambayi buhu ba. Sai ta kamo hannun Lauratu.

"'Yar nan, ni na tura shi, ke kika dawo min da shi. Ki gafarce ni."

"Babu komai, Inna. Tashi mu je in gasa miki ƙafar."

Abubakar ya yi wata guda yana kauce wa haɗa ido da su, kafin ya zo da goro ya nemi afuwa. Rabe bai yi arziki ba a shekarar, amma ba a sake goranta masa ba, kuma Lauratu ta zama 'ya a gidan har ƙarshen ran tsohuwar.

Iyaye, a yi hattara da gori, yana iya jefa ɗa inda ba a fita. Matar da ta yi haƙuri, ta yafe a lokacin da take da ikon riƙewa, ita ke ceto gidanta.