Matar da Ke Jiran Jan Ƙyalle

Da yammacin wata Talata Gaetan Kervella ya sauka bakin teku a Bretagne ta ƙasar Faransa, shi kaɗai, da kyamara a kafaɗa. Duba haske kawai ya kawo shi, gobe za su fara sabon fim. Shekara ashirin rabonsa da wurin, kuma ba mantuwa ce ta hana shi zuwa ba.

A nan ya ɗauki hoton da ya yi masa suna: mace ɗaya can nesa a kan yashi, rana na faɗuwa a bayanta. Maryvonne ce, mai sayar da kifi, aka ɗauke ta ta tsaya a madadin jarumar fim. Kunnenta da nauyi, don haka suka yi ƙa'ida: ba za ta motsa ba sai ya ɗaga jan ƙyalle.

"Kai ke kan tudu, maigida," ta ce masa ranar tana dariya. "Kai za ka riga ni ganin ruwa."

Ya kuwa gani. Ya ga ruwa na zagayowa yana raba ta da gaɓa. Amma irin wannan hasken minti huɗu yake yi, sai ya ce a ransa bari a ƙara kaɗan. Kafin ya laluba aljihu hazo ya rufe ta. Ruwa ya ci ta, aka ce tsautsayi ne. Gogan ya karɓi lambar yabonsa, ya ja bakinsa ya tsuke.

Yau ya gangara kan yashin, ya kafa kyamara. Iska na warin ruɓaɓɓiyar ciyawar teku. Tsuntsaye suka yi tsit.

Ya sa ido a kyamarar.

Tana nan tsaye, ruwa na ɗiga daga rigarta.

Ya ɗago kai, yashi fayau. Ya mayar da ido, ga ta.

"Maigida," muryar a gefen kunnensa take, da sanyi. "Hasken ya yi?"

"Madam Maryvonne..."

"Ban motsa ba fa. Ƙafafuna dai sun mutu."

"Na gama! Ki taho! Ki yafe mini!"

"Bakinka nake gani yana motsi. Ina ƙyallen?"

Ya zazzage aljihu. Makulli. Ashana. Babu ja ko zare ɗaya.

Sai ya ji sanyi a gwiwarsa. Ruwa ya zagaye shi.

Ya watsar da kyamara ya ruga, yana faɗuwa yana tashi, gishiri a baki, har ya kama dutse. Bai waiwaya ba. Karo na biyu ke nan ya bar ta.

Gaetan bai sake ɗaukar fim ba. Ya kama ɗaki a ƙauyen, kuma kullum rana za ta faɗi sai a gan shi kan tudu yana ɗaga jan ƙyalle har hannunsa ya gaji. Kyamara ce kaɗai za ta nuna masa ko ta tafi, shi kuwa har yau ya kasa leƙawa.